Idon da Ba Ya Gaisuwa

Nomau ya ce fim ba labari
tuwo ne ba miya.
Shekara ashirin da shida yana juya faifai
a sinimar da yau ta koma siton takin zamani,
don haka ban yi musu ba.
Na ɗauki kyamarar aro na gangara bakin Gulbi.

Na ɗora ta bisa wani tsagaggen turmi,
daidai tsayin gwiwa.
Ban ce wa kowa tsaya ba, ban ce wuce ba.
Awa huɗu tana kallo.

Idona ɗan gari ne, ya san kowa.
In ya ga babba ya sunkuya,
in ya ga mai bi na bashi ya sake hanya.
Ita kuwa ba ta da suruki a Maradi.
Ba ta gaisuwa, ba ta kara,
ba ta ƙiftawa ta ba ka damar gyara fuska.

Da dare, a shagon Tsahara mai ɗinki,
inda wuta ba ta cika ɗaukewa ba,
muka kunna.
Ƙafafu kawai.
Silifa, faso, tayar amalanke,
kofatan jajayen awaki,
zogalen Jiratawa yana zuba ta hujin buhu
ganye-ganye,
kamar mai shi na tsoron mance hanyar gida.

Nomau ya yi hamma.
Ina jarumin? ya ce. Wa za a kashe?

Na rage gudun hoton
har ƙuda ya koma iyo a cikin iska.

Sai ga takalmin da na sani,
wanda igiyar rama ta maye wa maɗauri.
Babana ne, Ɗan Tambai,
yana hawowa daga majema da fatu a ka.
Ƙafar dama ta taka.
Ta hagu ta tsaya shawara,
ta ja, ta zana layi a rairayi,
sannan ta bi.
Taku goma sha ɗaya kafin ya fita daga hoton,
layi goma sha ɗaya.

Ni ke zuba masa ruwan alwala,
ban taɓa gani ba.
A gabana yakan miƙe ya yi tafiyar samari,
idona kuma na ɗiya ne, sai ya yarda.

Tsahara ta tsai da keke.
Nomau ya matso har numfashinsa ya dusashe gilashi.
Maido, ya ce.
Na maido.

Amma kada in naɗa wa ƙarfe rawanin alƙali.
Ni na zaɓi turmin.
Da na ɗaga ta kamu biyu
fuskarsa za mu gani yana dariya da mai rake,
mu ce ga dattijo garau.
Dariyar ma ba ƙarya ba ce.
Hoto tabarma ne, kusurwa huɗu:
wanda ya hau shi ne baƙo,
sauran duniya tana tsaye a rana.

Da na yanka na jera ƙafar Baba
da ta akuyar da aka yi wa dabaibayi,
Nomau ya share ido da hularsa.
Da na jera ta da yaro mai jan kara a ƙasa yana kukan mota,
ya murmusa.
Ƙafar ba ta canja ba,
almakashi ne ya yi magana.

Ranar Juma'a na kai wa Baba.
Ya kalla har sau uku, shiru.
Na jira ya ce tun daminar bara,
ko ya ce wa ya aike ki.

Ya ɗora yatsa a gefen gilashi, can sama,
inda jelar wata fata ta leƙo cikin hoton
tana ɗiga.

Wannan ba ta bushe ba, ya ce.
Yaya aka yi na ɗauko ta?